Tambaya da Amsa: Bernard Blier, Mai Sanƙon da Ya Shekara Hamsin a Gefen Jarumai

Wasiƙu huɗu ne suka taru mana a kan mutum ɗaya, ɗan wasan fim na ƙasar Faransa, saboda haka muka ga ya fi kyau a amsa su tare a wannan fitowa.

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni tsohon malamin makaranta ne a Damagaram, kuma tun da na ajiye aiki nakan kalli tsofaffin finafinan Faransa marasa kala da ake maimaitawa a talabijin. Akwai wani mutum mai sanƙo, mai kumatu da ɗan tumbi, wanda nake gani a yawancinsu, wani lokaci ɗan sanda, wani lokaci mijin da aka yaudara, wani lokaci ɗan daba mai cika baki. A fim ɗin Les Tontons flingueurs shi ne wanda yake shan naushi duk lokacin da ya buɗe ƙofa. Wane ne shi, kuma daga ina ya faro?

Amsa: Wa'alaikumus salam, Malam, Allah ya ƙara lafiya. Mutumin da ka siffanta Bernard Blier ne, kuma ba idonka ne yake yi maka gizo ba da kake ganinsa ko'ina, domin ya fito a finafinai kusan 180 tsakanin ƙarshen shekarun 1930 da shekarar da ya mutu, 1989. An haife shi ranar 11 ga Janairun 1916 a birnin Buenos Aires na ƙasar Ajantina, inda aiki ya kai mahaifinsa, wanda masanin halittu ne a cibiyar bincike ta Pasteur. A Paris ya tashi, kuma a can ya nemi shiga babbar makarantar koyon wasan kwaikwayo ta ƙasa har sau uku ana mayar da shi, sai a 1937 ya samu gurbi a ajin Louis Jouvet, wanda a zamaninsa ba a cika samun kamarsa a dandamalin Faransa ba. Wannan haɗuwa da Jouvet ita ce tushen duk abin da ya biyo baya, domin a wurinsa Blier ya koyi cewa magana ita ce jarin ɗan wasa: inda za a tsaya a ja numfashi, kalmar da za a danna, da wadda za a bari ta wuce kamar ba a damu da ita ba.

Kafin yaƙin duniya na biyu ya samu ƙananan fitowa a finafinai biyu na Marcel Carné, Hôtel du Nord a 1938 da Le jour se lève a 1939. Da yaƙi ya ɓarke aka ɗauke shi soja, Jamusawa suka kama shi a 1940 suka tsare shi a wani sansanin fursunonin yaƙi a Ostiriya, daga baya ya dawo Paris ya ci gaba da wasa a lokacin mamaya, har da fitowa a finafinan kamfanin Continental wanda Jamusawa suka kafa. Da yawa daga cikin 'yan wasan lokacin sun yi haka, kuma bayan 'yanci ba kowa aka tuhuma ba, amma darakta Henri-Georges Clouzot ya sha hukunci, an hana shi aiki na wani lokaci saboda fim ɗin Le Corbeau da ya yi wa wannan kamfani a 1943.

Na kawo Clouzot ne saboda fim ɗin da ya dawo da shi aiki a 1947, Quai des Orfèvres, shi ne ya ɗaga Blier daga sahun masu cike gurbi. Sunan fim ɗin sunan titin da hedikwatar 'yan sandan ciki ta Paris take a lokacin ne. Blier ya fito a matsayin Maurice Martineau, makaɗin piyano mai tsananin kishin matarsa, mawaƙiya Jenny Lamour, wadda Suzy Delair ta taka. Wani tsohon attajiri mai budurwar zuciya yana zawarcinta da alkawarin sa ta a fim, sai Maurice ya ɗauki bindiga, ya shirya shaidar ƙarya cewa yana gidan wasa a daren, ya tafi kashe tsohon, amma ya tarar wani ya riga shi. Daga nan duk dabarar da ya ƙulla don kare kansa ta juye ta zama hujja a kansa, kuma sufeton da yake tuhumarsa ba kowa ba ne illa malaminsa Jouvet. Ana yawan ba da labarin cewa Clouzot, wanda ya yi suna wajen tsananta wa 'yan wasa, ya taɓa sharara masa mari a wurin ɗauka don ya samu irin firgicin da yake so a fuskarsa. Ko ba marin, abin da ya sa rawar ta zauna shi ne Blier bai nemi ya ba 'yan kallo sha'awa ba: gumi yake yi, yana in-ina, yana ƙarya maras tsari irin ta wanda bai saba ba, har mai kallo ya ji kunya ta kama shi a madadinsa. Clouzot ya samu kyautar gwarzon darakta a bikin finafinai na Venice a shekarar.

Daga nan masu shirya fim suka gane irin mutumin da za su riƙa nemansa ya zama, wato mijin kirki da ake ci da guminsa. Mafi zafi a cikin irin waɗannan shi ne Manèges na Yves Allégret, wanda ya fito a 1950, inda yake da makarantar koyar da hawan doki, matarsa kuma, Simone Signoret, tana kwance a asibiti bayan haɗarin mota. A bakin gadon ne surukarsa ta fayyace masa cewa don kuɗinsa aka aure shi, kuma shekara da shekaru ita da 'yarta suna yi masa dariya a bayan idonsa har dukiyar ta ƙare. Lokacin shekarunsa 34 kacal, amma sanƙo da ƙiba sun riga sun mai da shi magidanci a idon jama'a, kuma a haka ya zauna har tsufan gaskiya ya iske shi.

Tambaya: Ni ɗaliba ce mai nazarin wasan kwaikwayo a Zariya. Na karanta cewa Blier ya fi wasu jaruman zamaninsa iya wasa, amma kullum sunan wani ne a saman allon talla. Shin wannan ba shi ne kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi ba? Me ya hana shi zama jarumi?

Amsa: Malama, karin maganar ya yi daɗi, sai dai bai hau kan Blier daidai ba, kuma dalili biyu ne. Na farko, ya ja fim da kansa ba sau ɗaya ba. A L'École buissonnière na Jean-Paul Le Chanois, 1949, shi ne jarumin, malamin makarantar ƙauye a kudancin Faransa wanda ya dawo daga yaƙin duniya na farko ya watsar da koyarwar haddace-ka-maimaita, ya shigo da ƙaramar na'urar buga rubutu aji don yara su buga abin da suka rubuta da kansu. An gina labarin ne a kan rayuwar malamin nan Célestin Freinet. A Sans laisser d'adresse na 1951 shi ne direban tasi mai zagaya Paris da wata yarinya da jaririnta suna neman uban ɗan, kuma fim ɗin ya samu kyauta a bikin finafinai na Berlin na farko. Dalili na biyu shi ne, abin da Faransawa suke kira second rôle sana'a ce mai zaman kanta, ba wurin jiran jarumta ba ce, kuma fassarar da muka saba yi ta mataimakin jarumi ba ta ɗauke ma'anar duka ba. Jarumi ana sayen fuskarsa ne, kuma dole ya zama shi ɗin ne a kowane fim, domin shi aka biya kuɗin tikiti a gani. Wannan kuwa ana nemansa ne don ya shigo da wani irin mutum da 'yan kallo suka sani a unguwarsu, mai kanti ko lauya ko maƙwabci mai gulma, ya tabbatar da shi cikin minti biyar, ya ba jarumi abin da zai yi karo da shi.

Sai kin dubi yadda masana'antar take a lokacin kafin ki ga dalilin da ya sa wannan sana'a ta ciyar da mutane da yawa. A 1947 gidajen silima na Faransa sun sayar da tikiti fiye da miliyan 400, haka kuma a 1957. Yarjejeniyar Blum da Byrnes ta 1946, wadda Faransa ta ƙulla da Amurka lokacin da take neman sassaucin bashi, ta buɗe ƙofa ga finafinan Amurka, aka ware wa na gida mako huɗu kawai a cikin kowane wata uku. 'Yan fim suka yi zanga-zanga a Paris a farkon 1948, aka ƙara makonnin zuwa biyar, kuma aka kafa doka ta cire wani kaso daga kuɗin kowane tikiti, har na fim ɗin Amurka, a zuba a asusun tallafa wa finafinan gida a ƙarƙashin hukumar silima ta ƙasa da aka kafa a 1946. Da wannan kuɗi ɗakunan ɗaukar fim na Billancourt da Joinville da Boulogne suka ci gaba da aiki ba tsayawa, kuma kowane fim yana bukatar jarumi ɗaya ko biyu, amma yana bukatar mutum goma sha biyar masu cika duniyar labarin. Irin su Julien Carette da Noël Roquevert da Pauline Carton da Raymond Bussières da Robert Dalban a nan suka ci abincinsu, jama'a sun san fuskokinsu sarai ko da ba su riƙe sunayensu ba.

Blier ya ɗara waɗannan matsayi, domin shi ne wanda ake kira idan jarumin yana da nauyin da ƙaramin ɗan wasa ba zai iya tsayawa a gabansa ba. Jean Gabin, wanda kwarjininsa kan danne duk wanda aka haɗa su, ya yi finafinai da dama da shi. A Les Misérables na 1958, wanda aka ɗauka a ɗakunan Babelsberg na Jamus ta Gabas kuma ya jawo 'yan kallo kusan miliyan 10 a Faransa, Gabin ne Jean Valjean, Blier kuma sufeto Javert mai farautarsa. A Le Président na 1961 Gabin tsohon shugaban gwamnati ne, Blier kuma tsohon na hannun damansa da ya ci amanarsa yake kuma neman kujerar. A ganina fim irin wannan ba ya tsayuwa sai maci amanar ya zama mutum mai hankali da hujja, wanda za a iya zaɓa, kuma abin da Blier ya kawo ke nan.

Akwai wanda ya tsallaka daga wannan sahu zuwa jarumta, Louis de Funès, wanda ya shafe kusan shekara ashirin yana ƙananan fitowa kafin tauraruwarsa ta haska a 1964 yana da shekara 50. Amma daga ranar ya zama dole ya riƙa ba jama'a de Funès ɗin da suka saba da shi, mai zazzare ido da masifa. Blier bai taɓa shiga wannan ƙangi ba, shi ya sa a shekara ɗaya zai iya zama mai kisan kai a wani fim, ya zama abin dariya a wani.

Tambaya: Daga wani makaranci a Yamai. Na ga wani fim na Italiya da shi a ciki yana magana da Italiyanci tsantsa. Ya iya harshen ne har haka?

Amsa: Ɗan'uwa, mafi yawan abin da ka ji a irin waɗannan finafinai muryar wani ce. Al'adar masu fim a Italiya a wancan zamani ita ce a ɗauki hoto tukuna, a ɗora murya daga baya a ɗakin sauti, kamar yadda ake ɗora Hausa a kan finafinan Indiya, sai dai su tun daga tushe haka suke yi har ga 'yan wasansu na gida. Tun 1949 Faransa da Italiya suke da yarjejeniyar shirya fim tare, wadda ta sa fim ya ci tallafin ƙasashen biyu in an haɗa ma'aikata daga kowane ɓangare, saboda haka 'yan wasan Faransa suka yi ta zirga-zirga zuwa Roma. Darakta Mario Monicelli ne ya fi riƙe Blier: ya sa shi kyaftin na soja a La grande guerra na 1959, wanda ya ci babbar kyautar Venice, ya sa shi a I compagni na 1963 da Amici miei na 1975, sannan a Speriamo che sia femmina na 1986 ya ba shi rawar wani tsohon kawu da hankalinsa ya fara gushewa, wadda ta kawo masa David di Donatello, babbar kyautar finafinan Italiya. Abin lura shi ne, mutumin da aka fi yabo a gida saboda iya furuci ya yi suna a wata ƙasa ba tare da muryarsa ba, da fuska da tafiya da yadda yake juya ido kawai.

Tambaya: Ni mai sayar da littattafai ne a Maraɗi. Yaya aka yi mutumin da ya saba sa mutane tausayi ya koma ɗan barkwanci? Kuma gaskiya ne matasan daraktocin da suka taso wajen 1960 sun kashe kasuwar irinsa?

Amsa: Alhaji, ba su kashe ta ba, amma sun yi mata illa. A watan Janairun 1954 François Truffaut, yana matashin mai sharhi, ya rubuta maƙala a mujallar Cahiers du cinéma yana sukar finafinan manyan ɗakunan ɗauka, waɗanda marubuta suke tsara wa magana mai ƙyalli, 'yan wasa ƙwararru kuma su zo su furta. Da shi da Jean-Luc Godard da abokansu suka fara nasu finafinan a 1959 da 1960, sai suka fita titi da ƙananan kyamarori da sababbin fuskoki, kuma ba a finafinansu aka san Blier ba, domin shi ne ainihin irin ƙwarewar da suke yi wa tawaye. Amma abin da ya fi rage aikin 'yan sahunsa talabijin ne, wanda ya shiga gidaje har tikitin silima ya faɗo ƙasa da miliyan 200 a shekara kafin 1970.

Abin da ya cece shi haɗuwarsa ce da marubucin magana Michel Audiard da darakta Georges Lautner. Audiard yana rubuta wa 'yan daba da 'yan sanda magana mai haɗa zaurancen titin Paris da fasahar masu ilimi, kuma irin wannan magana tana mutuwa a bakin wanda ya nuna ya san abin dariya yake faɗa. Blier yakan furta ta da gaske, fuska a murtuke, kamar mai karanta hukuncin kotu. Raoul Volfoni na Les Tontons flingueurs, wanda Malam na Damagaram ya tambaya a kansa, ɗan daba ne da yake ganin shi ya cancanci gadon harkokin maigidansu da ya mutu, sai ga shi an damƙa su ga wani tsohon abokin mamacin, mai sayar da injinan noma a garin Montauban, wato Lino Ventura. Raoul yakan yi kuri ya lissafa irin azabar da zai gana wa baƙon, sannan a ƙwanƙwasa ƙofa, ya buɗe, a kwantar da shi da naushi ɗaya. Idan aka duba da kyau, Maurice Martineau ne na 1947 ya dawo: mutumin da aka raina, yake ƙulla abin da ya fi ƙarfinsa, abin ya komo kansa. Blier bai sauya wasansa ba, marubuci ne ya sauya inda za a tsaya a kalli mutumin. Masu sharhi ba su yi marhabin da fim ɗin ba da ya fito a ƙarshen 1963, ko da yake mutum fiye da miliyan 3 sun kalle shi, kuma maimaitawar talabijin ce ta mai da shi abin da Faransawa suke haddace maganganunsa, musamman fitowar nan ta ɗakin girki inda 'yan daban suka zauna suna shan wata muguwar barasa suna tuna ƙuruciya. Mai hidimar gidan a wannan fim, Robert Dalban, shi ne ɓarawon motar da ya zama ainihin mai kisan a Quai des Orfèvres shekara 16 kafin nan. A shekarar da ta biyo, a Cent mille dollars au soleil, wanda aka ɗauka a Maroko, Blier direban babbar mota ne da yake ɓullowa duk lokacin da motar Ventura ta maƙale a hamada, ya ja shi ya fitar, yana yi masa ba'a.

Duk da haka, in za a tambaye ni, ba a nan ya fi nuna gwanintarsa ba. Shekara ɗaya kafin wancan fim na 'yan daba, Lautner ɗin dai ya ba shi Le Septième Juré, inda ya fito a matsayin mai kantin magani da ake girmamawa a garin Pontarlier, wanda ya shaƙe wata budurwa a bakin tafki, aka kama saurayinta, sannan aka zaɓe shi cikin masu taya alƙali yanke hukunci. Ya yi ta yi wa shaidu tambayoyi har aka sallami saurayin, daga baya ya je ya amsa laifinsa, amma matarsa da manyan gari suka ƙi yarda, domin tona asirin ɗaya daga cikinsu ya fi musu ciwo a kan jinin yarinyar, suka gwammace a ce taɓin hankali ne. Fim ɗin kusan duka a kan fuskarsa yake tafiya, kuma da ƙyar fuskar take motsi.

A ƙarshen rayuwarsa ɗansa, darakta Bertrand Blier, wanda aka haifa a 1939 kuma ya ci kyautar Oscar a 1979, ya sa shi a Buffet froid na wannan shekarar tare da Gérard Depardieu da Jean Carmet, a matsayin sufeton 'yan sanda da yake zaune a wani dogon bene da babu kowa, wanda maƙwabcinsa zai zo ya ba shi labarin kisa, shi kuwa ya nuna ya tashi daga aiki, kada a dame shi. Audiard ya mutu a 1985, Ventura a 1987. César, babbar kyautar finafinan Faransa wadda aka fara bayarwa a 1976, ba ta taɓa zuwa hannun Blier a kan wata rawa ba, sai a farkon Maris na 1989 aka ba shi ta girmamawa. Ya fito dandamali a rame ƙwarai saboda ciwon daji, yana takawa da ƙyar, ɗan wasa Michel Serrault ya miƙa masa, jama'ar zauren suka miƙe tsaye suna tafi. Ya mutu ranar 29 ga watan a Saint-Cloud, kusa da Paris, yana da shekara 73.